Matan da suka fara likitanci da maganar tazarar haihuwa da muke yi ƙasa-ƙasa a Agege

Akwai maganar da mu matan Hausawan Legas bama yinta da ƙarfi, sai dai a gidan suna in jama'a sun ragu, ko bayan an tashi daga Islamiyya ana tafiya gida, ko kuma ta WhatsApp da daddare sannan a ce miki dan Allah ki goge in kin gama ji. Maganar tazarar haihuwa. Wannan ta ce ke wacce kike yi, allura ko ashana da ake sawa a damtse, wancan ta ce ita tunda ta sa jini ya ƙi ɗauke mata har sallah ta rikice mata, wata kuma ta ce ita maigidan ne ya ce kar ya ƙara jin zancen a gidansa. Ni kam na gaji da yinta a ɓoye, kuma so nake in ɗauko ta tun daga wajen matan da suka fara ɗaukar wannan nauyin kafin a haifi iyayenmu, saboda yawancinmu in aka ce tsarin iyali abinda ke faɗo mana a rai shine wasu Turawa ne suka zauna suka ƙulla mana. Akwai ƙamshin gaskiya a ciki, zan zo wajen, amma labarin ya fi haka tsawo sosai.

A garin nan da muke zaune aka haifi mace ta farko da ta yi aikin likita a Najeriya. Dakta Elizabeth Abimbola Awoliyi, an haife ta a Legas a 1910, ta je Dublin ta ƙasar Ayalan ta karanta likitanci ta gama a 1938 ta dawo gida. Ta yi shekaru tana duba mata a asibitin Massey Street can cikin tsibirin Ikko har ta kai ga shugabancin asibitin, kuma daga 1964 ita ce shugabar ƙungiyar matan Najeriya ta ƙasa, NCWS, har zuwa rasuwarta a 1971. Abinda ya fi ja min hankali a tarihinta shine ƙungiyar tana da wani ɗan asibitin tsarin iyali kuma ita ce likitar da ke ba su shawara, wannan aikin ne ya girma ya zama ƙungiyar tsarin iyali ta PPFN da ake da ita yanzu a faɗin ƙasa. Ki duba fa, matar da ta fi kowa ganin yadda mata ke shan wahala a ɗakin haihuwa a garin nan ita ce ta ga ya kamata a zauna da su tun kafin su kuma ɗaukar wani cikin. Wanda ya ga jini yana zuba da idonsa ba irin tunaninsa ɗaya da wanda ke jin labari a majalisa ba.

Kafin ita akwai Agnes Yewande Savage, babanta likita ne ɗan Najeriya, mamanta 'yar Sikotilan, ta gama likitanci a jami'ar Edinbara a 1929 da sakamako mai kyau ƙwarai, ita ce mace ta farko daga Afirka ta Yamma da ta samu wannan digirin. Da ta je aiki ƙasar da ake kira Gana yanzu, gwamnatin mulkin mallaka ta biya ta albashi ƙasa da na Turawan da ta fi su ƙoƙari a makaranta, ta ajiye ta a ɗakunan masu aikin gida, saboda launin fatarta kawai. Duk da haka ta zauna ta yi aikin, har ta taimaka aka kafa makarantar horar da nas-nas a Korle Bu. In na tuna wannan sai raina ya ɓaci wallahi.

A can ƙasashen Turawan ma ba a buɗe musu ƙofa da daɗin rai ba. Elizabeth Blackwell, wadda ita ce mace ta farko da ta samu digirin likita a Amurka a 1849, makarantu da yawa sun ƙi ɗaukarta, wadda ta ɗauke ta ɗin ma shugabannin ne suka miƙa wa ɗalibai maza maganar su jefa ƙuri'a, su kuma suka ce eh don sun ɗauka wasa ake. Amma dalilin shigarta shine abin lura. Wata ƙawarta ce tana jinyar ajali ta ce mata da a ce likitanta mace ce da bata sha irin wannan wahalar ba. Duk macen da ta taɓa kwanciya a gadon awo namiji baƙo na tsaye a kanta, tana son ta faɗi abinda ke damunta a ƙasanta amma bakinta ya yi nauyi, ta san abinda wannan baiwar Allah take nufi.

Wadda na fi so a cikinsu ita ce Aletta Jacobs ta ƙasar Holan. Sai da ta rubuta wa firaministan ƙasar takarda kafin a bar ta ta shiga jami'a a 1871, ta zama likita mace ta farko a ƙasar, sannan ta buɗe wajen duba mata talakawa kyauta a wata unguwar marasa ƙarfi a Amsterdam. To a nan ne mata suka fara gaya mata abinda basu taɓa gaya wa likita namiji ba, cewa jikinsu ya gaji, haihuwa duk shekara, wata mahaifarta ta sauko, wata ta binne 'ya'ya sun fi waɗanda ke raye. A 1882 ta fara ba su wata 'yar roba da mace ke sawa ta rufe bakin mahaifa, ta koya musu yadda ake amfani da ita, kuma ana lissafa wannan a matsayin asibitin tazarar haihuwa na farko a duniya. 'Yan uwanta likitoci maza suka taso mata, aka ɓata mata suna, aka ce tana koya wa mata lalata. Bata daina ba. Ita ce kuma ta yi ta faɗa a sa wa 'yan mata masu tsaron shago kujera su riƙa zama, don ta ga yadda tsayuwar yini guda ke lalata musu lafiya. Kin ga mutumiyar da ke sauraron mata kenan, komai suka kawo mata ɗauka take da muhimmanci.

Sai Margaret Sanger a Amurka, ita nas ce ba likita ba. Mahaifiyarta ciki 18 ta yi, 11 suka zo da rai, ta rasu tana wajen shekara 50 jiki duk ya ƙare. A lokacin akwai dokar Comstock ta 1873 da ta haramta ko aika bayani kan hana ɗaukar ciki ta gidan waya. A watan Oktoba na 1916 ta buɗe asibiti a unguwar Brownsville ta birnin New York, unguwar baƙi 'yan ci-rani, kuma takardar sanarwar da suka raba da harsuna uku aka buga ta, Turanci da Italiyanci da yaren Yahudawan wajen, don sun san matan unguwar ba duka ke jin Turanci ba. Mata sama da 400 suka zo cikin kwana goman da asibitin ya yi kafin 'yan sanda su rufe shi, ita kuma aka ɗaure ta kwana 30. Shekara ɗari da 'yan kai kenan da wasu suka gane cewa in kana son mace ta zo sai ka mata magana da harshenta.

Amma ba zan ɓoye muku ɗaya gefen ba, don shine ma tushen tsoron da mutanenmu ke yi. Ita Sanger ɗin nan da takwararta ta Ingila Marie Stopes, wadda ta buɗe nata asibitin a Landan a 1921, dukkansu sun yarda da wata muguwar aƙida da ta yi tashe a zamaninsu, wai akwai mutanen da bai kamata su hayayyafa ba, nakasassu da masu taɓin hankali da waɗanda suke gani ƙasƙantattu. Wannan ba ƙage ba ne, a rubuce yake da hannunsu, har ƙungiyar da ke ɗauke da sunan Stopes ta cire sunan nata a 2020 saboda wannan dalilin. Sannan ƙwayar hana ɗaukar ciki da ake sha ɗin nan, da aka zo gwada ta a 1956, tsibirin Puerto Rico aka je wajen mata talakawa, ba a gaya musu gwaji ake a kansu ba, kuma ƙarfin maganin ya ninka na yanzu nesa ba kusa ba. Likitar da ke kula da gwajin mace ce, Dakta Edris Rice-Wray, ta rubuta wa masu binciken cewa maganin yana hana ciki kam, amma kashi 17 cikin ɗari na matan suna kuka da jiri da tashin zuciya da amai da ciwon kai, illar ta yi yawa. Mazan da ke jagorantar binciken suka yi watsi da maganarta, suka ce yawanci tunanin matan ne kawai. Mata uku suka mutu a lokacin gwajin ba a bincika gawarsu an ga dalili ba. A 1960 aka amince da ƙwayar a Amurka, sai daga baya da aka ga tana daskarar da jini a jijiya aka rage mata ƙarfi.

Saboda haka in dattijo a Zango ya ce shi bai yarda da maganin da ake ba matarsa kyauta ba alhali maganin zazzaɓi sai ya saya, ni bana masa kallon jahili. Mu da muka san abinda ya faru a Kano a 1996 lokacin annobar sanƙarau, da kamfanin Pfizer ya gwada maganin Trovan, yara wajen 200 aka sa a gwajin, 11 suka mutu, aka yi ta shari'a har sai 2009 aka sasanta da gwamnatin jihar. Wanda maciji ya sara in ya ga baƙin tsumma gudu yake. Shi yasa da aka ce a 2003 allurar shan inna tana hana haihuwa mutane suka yarda nan take, Kano ta dakatar da rigakafin kusan shekara guda, yara suka shanye a banza. Haka a 1988 da gwamnatin Babangida ta fito da manufar yawan jama'a tana maganar 'ya'ya huɗu ga kowace mace, mutanenmu suka ji kaman ana so a ƙirga musu kyautar Allah, har yau ɗacin bai bar bakin wasu ba.

To amma ga inda na tsaya. A duk labaran nan laifin da aka yi iri ɗaya ne, an yanke wa mace hukunci a kan jikinta ba a tambaye ta ba, ta yi kuka ba a saurare ta ba. Wanda ya ɗura mata magani bai mata bayani ba ya zalunce ta. Wanda kuma yana gani tana sheƙa jini a haihuwa ta bakwai, likita ya ce jikinta na buƙatar hutu, shi ya ce atafau ba za ta huta ba, shi ma ya zalunce ta, kuma wannan na biyun shi ne ya fi kashe mu a yau. Likitocin nan mata da na lissafo, Jacobs da Awoliyi da Rice-Wray, abinda ya haɗa su shine sun ji abinda mata ke faɗa sun ɗauke shi gaskiya.

Maganar addini kuwa ni ba malama ba ce, abinda muka karanta a gaban malamanmu zan faɗa. Allah ya ce a cikin Baƙara uwaye su shayar da 'ya'yansu shekara biyu cikakku ga wanda ke son cika shayarwa, a cikin Luƙman kuma ya ce uwa tana ɗaukar ciki cikin rauni a kan rauni. Hadisin Jabir yana cikin Bukhari da Muslim cewa sahabbai suna yin azalu, wato zubarwa a waje, alhali Alƙur'ani na sauka. Malamai da yawa sun halatta jinkirta ciki don lafiyar uwa da ta yaron da ke goye in miji da mata sun yarda, abinda suka tsananta a kai shine kashe mahaifa gaba ɗaya ba tare da larura ba, ko mutum ya yi don yana zaton Allah ba zai ciyar da abinda ya halitta ba. A Indonesiya da Bangaladash, ƙasashen da Musulminsu suka fi namu yawa, fiye da rabin matan aure suna amfani da hanyoyin zamani. Mace ta yi aikin jinya ma ai muna da shi tun zamanin Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, Rufaida Al-Aslamiyya tanti gare ta a masallacin Madina tana jinyar waɗanda aka ji wa rauni, a wajenta aka kwantar da Sa'adu ɗan Mu'azu bayan yaƙin Khandaƙ.

Kuma wai yaushe ma tazara ta zama baƙuwa a wajen Bahaushe? Ki tambayi gwaggonki ko kakarki. Haihuwar fari gida ake tafiya goyon ciki, a haihu a gaban uwa, a yi wankan jego, a sha kunun kanwa, wata sai ta yi wata da watanni kafin ta koma ɗakinta. Macen da ta yi kunika, wato ta samu ciki tana goyo, kunya take ji ta shiga cikin mata, tsofaffi su yi ta mata faɗa ita da mijin cewa za su lalata yaro. Sai an yaye kafin a yi zancen wani. Ba komai na da ne mai kyau ba, ruwan zafin nan da yawan kanwa likitoci sun nuna suna taɓa zuciyar mai jego, yankan gishiri kuwa ya jefa mata da yawa cikin yoyon fitsari, amma dai tsarin yana ba mace hutu. Yanzu ki ɗauko wannan yarinyar ki kawo ta Legas. Ɗaki ɗaya a gidan haya a Agege ko Idi-Araba ko Alaba Rago, banɗaki na gidan gaba ɗaya, innarta tana Katsina ko Gusau ko Damagaram, kuɗin motar zuwa da dawowa ya fi ƙarfin maigida da ke dakon tumatir a Mile 12 ko aikin fawa a Oko-Oba. Sai ta haihu a nan, maƙwabta su taya ta kwana bakwai kowa ya koma harkarsa, ta yi arba'in tana wanki tana girki tana ɗibar ruwa, yaro na wata huɗu ko biyar sai ga wani cikin. Abinda ya kare iyayenmu mun baro shi a gida, wanda zai maye gurbinsa kuma an ce mana haramun ne ko kuma an tsorata mu da shi.

Akwai wata maƙwabciyata da aka yi wa tiyata a haihuwarta ta ƙarshe, likita ya ja mata kunne sosai, bata gane rabin abinda ya faɗa ba don da Turanci ya yi, mijin da ya gane kuma bai maimaita mata ba. Yaron bai yi shekara ba ta kuma samun ciki. Allah ya yi da sauran kwananta a gaba, amma jinin da aka ƙara mata da kuɗin da aka kashe sai da 'yan uwansa na kasuwa suka yi karo-karo. Da na je gaishe ta ce min ta yi, Yaya ni da na san akwai abinda zan yi da na yi. Maganar nan ta daɗe tana min ciwo.

Hukumar lafiya ta duniya shawararta ita ce mace ta jira aƙalla wata 24 bayan haihuwa kafin ta ɗauki wani cikin, in ɓari ne wata 6. Dalilin a fili yake, jinin da ta zubar bai dawo ba, ga shayarwa na jan nata, sai ta shiga sabon ciki da ƙarancin jini, in ta zo haihuwa ɗan zubar jinin da wata za ta jure ita sai ya tafi da ita, jaririn ma ya fi yiwuwa ya zo bakwaini ko ƙarami, wadda aka yi wa tiyata kuma ɗinkin mahaifar na iya yagewa. Ƙiyasin hukumar na 2020 ya nuna mata kusan dubu 82 suka mutu a Najeriya ta dalilin ciki da haihuwa, sama da kashi ɗaya cikin huɗu na duk duniya, ƙasa ɗaya tal. Binciken lafiya na ƙasa na 2018 kuma ya nuna kashi 12 cikin ɗari ne kawai na matan aure ke amfani da hanyar zamani, kashi 19 kuma suna so su huta ko su dakata amma basa amfani da komai. A binciken nan dai, a Legas mace na haihuwar 'ya'ya wajen 3.4 in an yi matsakaici, a Katsina 7.3. Mu muna zaune a Legas ne amma in kin leƙa lungunanmu rayuwarmu ta fi kama da lissafin can.

Abin haushin shine kayan suna nan. Tun 2011 gwamnatin tarayya ta ce kyauta ne a asibitocinta, daga 2014 kuma aka yarda ƙananan ma'aikatan lafiya da aka horar su riƙa sa ashana ba sai likita ba. Amma je ki gani. Ranar da na raka wata ƙanwata wani ƙaramin asibiti, sai da muka biya kuɗin kati da na safar hannu da na gwajin fitsari, sannan aka ce wadda take so ta ƙare sai dai ta karɓi wadda ke akwai, nas ɗin tana magana da sauri rabi Turanci rabi Yarbanci, da ta ga yawan haihuwar da aka rubuta a katin sai ta ɗaga murya ta faɗi wata magana a kan Hausawa a gaban layi. Yarinyar nan da ƙyar na hana ta tafiya. Bana cewa duk haka suke, akwai nas-nas Yarbawa masu kirki da suka riƙe mu kaman 'yan uwa, aiki ne ya musu yawa albashi kuma ba yawa, amma mace mai kunya in aka disga ta sau ɗaya ba za ta koma ba, sai ta tafi kemis a soka mata allurar da ba a auna hawan jininta ba, ko ta sayi haɗin da ake tallarsa a Facebook wanda ba wanda ya san me ke ciki. Ga shi kuma a 2025 Amurka ta rufe hukumar USAID wadda tana cikin manyan masu kawo kayan nan, dama can ana yawan cewa sun ƙare.

Bayanin da ya kamata a zauna a yi wa kowace mace da Hausa ba wani mai wuya ba ne. Allura akwai ta wata biyu akwai ta wata uku, har akwai wadda ake koya miki ki yi wa kanki a gida, tana iya rikita al'ada ko ta ɗauke ta gaba ɗaya, kuma in kin daina ciki na iya jinkiri wasu watanni har zuwa shekara, wannan jinkirin ne ke sa a ce ta kashe mahaifa alhali dawowa yake. Ashana a damtse ake sa ta ƙarƙashin fata kina jinta da yatsa, akwai ta shekara uku akwai ta biyar, babbar matsalarta ɗigon jini ba kan ƙa'ida ba, wanda ga mace mai sallah ba ƙaramin abu ba ne, ya kamata a gaya mata tun farko, a gaya mata akwai maganin da ke rage shi, ta kuma tambayi malamai hukuncin jinin da ya wuce kwanakin al'ada. Robar mahaifa mai jan ƙarfe babu irin sinadarin da ke cikin allura da ashana a cikinta, tana kai shekara goma, amma watannin farko jini na iya ƙaruwa da ciwon mara. Ƙwayar da ake haɗa sinadari biyu bata dace da mai hawan jini ba ko wadda ta haihu kwanan nan. Shayarwa ma tana karewa amma da sharaɗi uku, yaro bai kai wata shida ba, nono zalla yake sha dare da rana, al'ada bata dawo ba, ɗaya ya faɗi to kariyar ta tafi. Kuma duk wadda aka sa miki, ranar da kika ce a cire haƙƙinki ne a cire, ba wanda ya isa ya ce sai wa'adi ya cika.

Ku kuma iyayen gida, da girmamawa nake muku magana. Da yawanku ba mugunta ce ke sa ku ƙi ba, tsoro ne da kuma gudun abinda Hajiya za ta ce a gida ko abokai a majalisa. Amma in matarku ta yi abin a ɓoye tana ɓoye kati a ƙasan akwati, in jini ya ɓalle mata bata isa ta faɗa ba, wa aka cuta? Ku raka su ku ji da kunnenku, ku yi duk tambayar da ke ranku, in likita ya kasa ba ku amsa ku nemi wani.

Abinda ke ƙarfafa min gwiwa shine yanzu muna da namu. Farfesa Hadiza Galadanci ta jami'ar Bayero da asibitin Malam Aminu Kano, likitar mata, tana cikin jagororin binciken E-MOTIVE da aka yi a Najeriya da Kenya da Tanzaniya da Afirka ta Kudu a kan mata sama da dubu 200, aka fitar da sakamakon a 2023. Wata leda ce mai ma'auni ake shimfiɗa wa mai haihuwa a ga ainihin yawan jinin da ta zubar maimakon a kintata da ido, in ya kai iyaka sai a haɗa mata duk matakan tsayar da jini a lokaci ɗaya ba ɗaya bayan ɗaya ba, kuma mummunar zubar jini ta ragu da wajen kashi 60 cikin ɗari. Bahaushiya ce, daga Kano, da lulluɓinta, kuma duniya na koyi da aikinta.

To mu na Legas ina namu? Ga asibitin koyarwa na LUTH a Idi-Araba a tsakiyar unguwar Hausawa, ga LASUTH a Ikeja mota ɗaya daga Agege, yaranmu mata nan aka haife su, suna jin Hausa da Yarbanci da Turanci duka ukun kaman ruwa, wanda ko a Kano ba kowa ke da wannan ba. Amma sai yarinya ta kai aji uku na sakandare a cire ta, ko ta gama ta zauna don ba kuɗin JAMB. Mu ne kuma masu cewa bama son namiji ya duba matanmu. Ina roƙon fadar Sarkin Hausawan Agege da ƙungiyoyin 'yan kasuwarmu na Mile 12 da 'yan canji da kwamitocin masallatai, yadda ake haɗa kuɗi in an yi gobara ko za a kai gawa gida, a ware wani abu duk shekara na yara mata masu son karatun nas da ungozoma da likita. Abinda ake nema a WAEC ko NECO kiredit biyar ne, Turanci da lissafi da bayoloji da kemistiri da fiziks, don haka tun daga aji ɗaya na babbar sakandare ake sa yarinya a ajin kimiyya, in aka bari ta wuce wannan matakin gyaran na da wuya. Kafin su fito kuma, matan Islamiyyunmu da suka iya Turanci ko Yarbanci su raba ranakun awo a tsakaninsu, duk wadda za ta je asibiti bata jin yare a samu mai raka ta. A tamu makarantar mun fara maganar da malama ta kuma amince za a sanar bayan karatun Asabar.